Me ke sa finafinan tarihi masu duhu suke dagulewa a salula da tele?

Masu kallon finafinan tarihi, musamman na Turkiyya irin su Ertugrul da Usman waɗanda ake samu da fassarar Hausa, sun san wannan matsala. Muddin da rana ake abu a cikin fim ɗin, hoto tas yake fitowa: ga dawaki, ga takubba, har ɗinkin rigar jarumi ana gani. Da zarar dare ya yi a cikin labarin, ko aka shiga tanti aka kunna fitila, sai komai ya dagule. Fuskoki su narke, baƙin bango ya farfashe gida-gida kamar an jera bulo, hayaƙi ya riƙa rawa. Kana jin ƙarar takubba amma ba ka san wa ya sari wa ba.

Wasu sukan ce salularsu ce ta tsufa, wasu su ɗora wa tele laifi har su fara tunanin sayen sabuwa. Sau da yawa kuwa na'urar lafiyarta ƙalau. Matsalar tana cikin fayil ɗin fim ɗin kansa, wato yadda aka matse shi kafin ya iso hannunku. Wannan matsewa ita za mu yi bayani a kai, don mutum ya san abin da yake saye da kuɗin forfensa ko kuɗin da yake ba mai turi.

Duhun da gangan aka yi shi

Da farko dai a sani, duhun da ke cikin irin waɗannan finafinai ba kuskure ba ne. Labarin Ertugrul, wanda tashar TRT 1 ta Turkiyya ta nuna daga 2014 zuwa 2019, labari ne na ƙarni na 13. A wancan zamani babu lantarki. In rana ta faɗi, sai wutar itace, fitilar mai da farin wata. Mai shirya fim da ke son mai kallo ya ji kamar yana cikin zamanin, dole ya rage haske.

Akwai waɗanda suka kai abin ƙarshe. A 1975 darakta Stanley Kubrick ya fitar da fim ɗin Barry Lyndon, labarin Turai na ƙarni na 18, inda ya ɗauki wasu fitowa na cikin ɗaki da hasken kyandir kawai. Don hakan ya yiwu sai da ya nemo gilasan kamara na kamfanin Zeiss na Jamus, irin waɗanda aka ƙera wa hukumar NASA ta Amurka don aikin sararin samaniya. Mai ɗaukar hoton fim ɗin, John Alcott, ya ci kyautar Oscar da wannan aiki. A 2015 kuma BBC ta nuna Wolf Hall, labarin fadar sarkin Ingila Henry na 8, shi ma da hasken kyandir a fitowa da dama, kuma masu kallo a can sun yi ta ƙorafin cewa ba sa gani sosai.

Ƙorafin da ya fi kowanne amo shi ne na ranar 28 ga Afrilun 2019, lokacin da tashar HBO ta Amurka ta nuna kashi na 3 na zangon ƙarshe na Game of Thrones. Shi wannan ƙagaggen labari ne, amma an yi shi da shigar zamanin takobi da garkuwa. Kashin mai tsawon minti 82 kusan dukansa yaƙin dare ne, kuma an kwashe darare 55 ana ɗaukarsa. Da aka nuna shi, mutane suka cika intanet da kukan cewa duhu kawai suka kalla. Mai ɗaukar hoton, Fabian Wagner, ya kare aikinsa. Ya ce an ɗauki abin yadda ake so, kuma ya danganta matsalar da matsewar da aka yi wa hoton wajen watsawa, da rashin daidaita tele, da kallo a ƙananan na'urori ko cikin haske. To in masu biyan kuɗin HBO a Amurka sun gamu da haka, ina ga wanda fim ya iso masa a memwar bayan ya bi ta hannu huɗu ko biyar?

Mece ce matsewar bidiyo?

Fim jerin hotuna ne da ake wucewa da su da sauri, galibi hoto 24 ko 25 a kowace daƙiƙa. Kowane hoto kuma ɗige-ɗige ne ƙanana masu launi. Fim ɗin da aka rubuta wa 1080p yana da ɗigo 1920 a kwance da 1080 a tsaye, wato ɗigo sama da miliyan 2 a hoto guda. Na 720p yana da 921,600. Na 360p kuwa 230,400 ne kacal.

In aka ce za a ajiye fim na awa 2 mai 1080p yadda yake, ɗigo bayan ɗigo, ba tare da an rage komai ba, zai ci sama da giga 1,000. Da wuya a samu memwar salular da za ta ɗauka, ko rezon da zai kawo muku shi. Shi ya sa dole a matse. Manhajar matsewa tana yin manyan dabaru biyu.

Dabara ta farko: ba ta ajiye kowane hoto cikakke. Takan ajiye cikakke guda ɗaya, sannan a waɗanda ke biye ta rubuta abin da ya sauya kawai. In mutum na zaune yana magana bango na bayansa, ai bangon bai motsa ba, saboda haka bakin mutumin da idanunsa kawai za a sabunta.

Dabara ta biyu: tana yanka hoto gida-gida, ta duba kowane gida, ta zubar da ƙananan bambance-bambancen da take ganin ido ba zai lura da su ba. Kamar shiƙar hatsi ce: a riƙe tsaba, a bar iska ta tafi da ƙaiƙayi. Gwargwadon yadda aka ce mata fayil ya ƙanƙance, gwargwadon yadda take ƙara ƙarfin shiƙar. In an matsa mata da yawa, har tsabar take zubarwa. Kuma abin da ta zubar ya tafi ke nan, babu manhajar da za ta maido shi yadda yake.

Dalilin da ya sa duhu ya fi shan wahala

A yawancin bidiyon da muke kallo, tsakanin baƙi ƙirin da fari fat akwai matakai 256, kuma a aikace wajen 220 ake amfani da su. Hoton rana yana bazuwa a kan matakan nan kusan duka. Farar riga tana can sama, inuwar itace tana ƙasa, tazararsu babba ce, ko an zubar da wani abu ba za a rasa gane su ba.

Hoton dare kuwa duka a matakan ƙasa yake cunkushe. Tsakanin fuskar mutum da bangon tantin da ke bayansa wataƙila matakai kaɗan ne. Tsakanin baƙar riga da baƙin doki ma haka. Wato a fitowar dare, duk abin da ake son ku gani ƙaramin bambanci ne, irin wanda manhajar ke ɗauka ƙaiƙayi. Sai ta haɗe su su zama launi guda. Nan ne fuska ke narkewa cikin bango.

Daga nan ake samun alamomi uku da kowa zai iya ganewa. Akwai gida-gidan nan masu kama da bulo, waɗanda ke fitowa idan kowane gida ya koma launi ɗaya, iyakarsa da maƙwabcinsa ta bayyana. Akwai zobba-zobba da ke kewaye fitila ko wata, kamar an yanka albasa ta tsakiya. Asalin hasken a hankali yake dusashewa, amma da matakan suka yi kaɗan sai ya riƙa tsalle daga wannan zuwa wancan. Sai kuma abin nan da hoto ke yi kamar yana numfashi: ya ɗan washe, ya dagule, bayan ƴan daƙiƙoƙi ya sake washewa. Wannan na faruwa ne duk lokacin da cikakken hoton nan na dabara ta farko ya zo, sannan masu bin sa suka ci gaba da lalacewa.

Wani abin da ke ƙara dagula lamarin shi ne, finafinan tarihi cike suke da abubuwan da manhajar matsewa ta fi tsana. Harshen wuta, hayaƙi, ƙurar dawaki, ruwan sama, hazo, duk ba sa tsayawa wuri ɗaya. Kowane ɗigo yana sauyawa daga hoto zuwa hoto, saboda haka dabarar rubuta abin da ya sauya kawai ba ta da wani amfani a nan, tunda komai ne ya sauya. Kamara ma in ta yi aiki cikin ƙarancin haske tana haifar da wani yashi-yashi a hoto, shi ma manhajar sai ta ɓata rabonta a kansa. Yaƙin dare cikin hayaƙi shi ne jarrabawa mafi wuya ga kowane fayil.

Lambar 1080p ba ita ce inganci ba

Nan ne mutane da yawa ke faɗawa tarko. Ana ganin an rubuta HD ko 1080p a sunan fim sai a ce ai mai kyau ne. Lambar nan yawan ɗigo kawai take faɗa. Ba ta faɗin yawan bayanin da aka ba ɗigon su raba. Gida mai ɗaki goma da aka ba tiya ɗaya ta hatsi ya fi gida mai ɗaki uku jin yunwa.

Ga lissafi mai sauƙi da kowa zai iya yi: a raba megan fim da mintocinsa. Fim na awa 2 da aka matse ya koma mega 300, kowane minti ya samu mega 2 da rabi ke nan, hoto da sauti duka. In giga 1 ne, kowane minti ya samu wajen mega 8. Ku kwatanta da wannan: Netflix na ba da shawarar layin intanet mai ƙarfin megabit 5 a daƙiƙa don kallon 1080p, wanda in aka juya shi ya kai wajen mega 37 a minti. Faifan Blu-ray kuwa, in ya buɗe ƙarfinsa duka, yana iya kashe mega 300 a kan minti guda. Kun ga abin da aka ba fim ɗinku gaba ɗaya, shi faifan a minti ɗaya yake iya cinye shi.

Wannan lissafi ya fi muhimmanci ga finafinan Turkiyya, domin kashi guda nasu a asalin yadda ake nuna shi yakan kai wajen awa 2. Wanda ya ce zai zuba maka kashi ashirin a memwar mai giga 4, to mega 200 kowane kashi ya samu. Fitowar rana za ta kallu, ta dare kuwa sai haƙuri. Araha ba ta ado.

Saboda haka in megan kaɗan ne, gara a ɗauki 480p da aka matse da kyau a kan 1080p da aka shaƙe. A gilashin salula mai inci 6, 480p mai isasshen rabo yana fitowa sumul, alhali 1080p mai yunwa yana farfashewa da an shiga duhu.

Irin manhajar da aka matse da ita ma tana da tasiri. Wadda ta fi yaɗuwa ita ce H.264, da ta fito a 2003, kuma kusan kowace salula da tele suna karanta ta. A 2013 aka fitar da H.265, wadda aka tsara don ta ba da hoto iri ɗaya da kusan rabin megan. Sai AV1 da ta zo a 2018. Akwai kuma fayilolin da za ku ga an rubuta musu 10bit, masu matakai 1,024 maimakon 256, waɗanda ke rage zobba-zobban nan sosai. Sai dai tsofaffin saluloli da wasu tele da ake soka wa kle ba sa karanta sababbin. In sauti na fita babu hoto, ko fim na tafiya yana tsayawa, yawanci dalilin ke nan.

Hannu nawa fim ya bi kafin ya iso?

Ko kun taɓa yin fotokofin takardar da ita ma fotokofi ce? A karo na uku ko na huɗu, hatimi ya zama baƙin tabo. Haka bidiyo yake. Duk lokacin da aka sake matse shi, sai an sake zubar da wani abu, kuma manhajar ta biyu tana ɗaukar tabon da ta farko ta bari a matsayin hoton gaskiya.

Ku bi hanyar fim guda. Tasha ta matse ta watsa. Wani ya naɗa ya ɗora a intanet, shafin ya sake matsewa. Masu fassara suka sauke, suka ɗora murya da tambarinsu da lambar waya mai yawo a ƙasa, suka sake matsewa. Wani ya ɗora a Facebook ko ya tura ta WhatsApp, aka ƙara matsewa. Daga nan mai turi ya sauke, wataƙila ya ƙara ragewa don memwar ta ɗauki da yawa. Sau biyar ke nan.

Amma fa a bambance matsewa da kwafa. Tura fim ta Xender, ta Bluetooth, ko daga ordinatar zuwa memwar ko kle, ba ya rage masa komai. Ko sau ɗari aka kwafa, fayil ɗin yana nan yadda yake. A WhatsApp ma, in aka tura bidiyo ta hanyar da ake tura takardu, wato a matsayin fayil, yana isa ba tare da an taɓa shi ba, har zuwa giga 2. In ta wajen hotuna aka ɗauko shi aka tura, a nan ne ake matse shi.

Masu fassara su ma akwai abin da za su iya yi. Ana iya sauya muryar fim a bar hoton yadda yake, domin hoto da sauti kowanne zaman kansa yake a cikin fayil. Tambari da rubutun talla da ake mannawa a jikin hoto su ne ke tilasta a sake matse shi. In dole ne a saka, to a fara da kwafi mafi kyau, a kuma fitar da iri biyu: mai nauyi don tele, mara nauyi don salula.

Rabon na'ura da wurin kallo

Ba a ce na'ura ba ta da nata rabon ba. Yawancin saluloli da tele masu sauƙin kuɗi gilashin LCD gare su, wanda ke da fitila a bayansa kullum a kunne. Baƙinsa ba ya kai wa baƙi ƙirin, toka-toka yake fitowa. Masu gilashin OLED ko AMOLED kowane ɗigo kansa yake kashewa, shi ya sa duhunsu ya fi zurfi. Sannan masu shirya fim a ɗaki mai duhu suke daidaita launinsa. Wanda ke kallo a bakin shago da tsakar rana, hasken waje ya riga ya rinjayi duk abin da ke cikin inuwar hoton. Tsarin tattalin batir ma yana rage hasken gilashi ba tare da mutum ya lura ba.

Ga gwaji mai sauƙi don a gane mai laifi. Ku tsayar da fim a wata fitowa mai duhu, da dare, ku ƙara hasken gilashi. In fuskoki da kaya suka bayyana, fayil ɗin lafiya lau, haske ne bai isa ba. In kuwa bulo da zobba ne suka ƙara fitowa, to fayil ɗin ne, kuma ko sabuwar tele aka sayo haka za ta nuna, har ma ta fi tona asirinsa saboda girmanta.

Abin da mai kallo zai yi

Kafin ku biya mai turi, ku ce ya buɗe muku fim ɗin ya kai shi wata fitowa ta dare. Gani ya kori ji. Ku duba megan, ku raba da mintoci. In a YouTube kuke kallo, ku sani cewa yana rage ingancin hoto da kansa idan rezo ya yi rauni, don haka ku shiga wajen saiti ku zaɓi lambar da kuke so, ku ɗan jira ya tara. Inda layinku ke da forfen dare mai rahusa, gara a sauke kashi biyu masu kyau da a sauke shida da ba za su kallu ba. A tele kuma ku nemi saitin da aka rubuta wa Cinéma ko Film, ku kashe fitilar da ke haska gilashin kai tsaye.

Darasi ga masu shirya namu finafinan

Wannan magana ta shafi tarihinmu ma. Fim ɗin Sarraounia na Med Hondo ɗan Muritaniya, wanda ya fito a 1986 daga littafin Abdoulaye Mamani, ya ba da labarin Sarauniya Mangu da yaƙin Lugu na 1899 da rundunar Voulet da Chanoine. A Burkina Faso aka ɗauke shi, kuma ya ci babbar kyautar FESPACO a Wagadugu a 1987. Matasanmu na Maradi, Damagaram, Tawa da Yamai da ke son bin wannan sawu su ba da labarin sarakuna da jarumai, su ma za su yi aiki da dare, da wutar itace da ƙura.

Abin da ya kamata su riƙe shi ne, baƙar fata a cikin ƙarancin haske tana sauka a matakan ƙasan nan da matsewa ke fara cinyewa. Fitowar da ta yi kyau a ordinatar mai haɗa fim tana iya zama baƙin tabo a salular mai kallo. Maganin shi ne a ɗan haska gefen fuska, a raba mutum da bangon bayansa, sannan kafin a saki fim a matse wani yanki, a tura shi a ƙaramar salula a gani. Kwafin asali kuma, wanda ba a matse ba, a ajiye shi wuri biyu daban-daban. In shi ya ɓata, abin da zai rage wa na baya shi ne kwafin WhatsApp, kuma daga shi ba a iya komawa ga na asali.